Ottmar da Kujerar 'Yan Bakwai

A ƙauyenmu na Distelrod babu wanda bai san Ottmar Zapf ba, kuma ba wanda ya nemi sanin nasa, dole ce ta sa. Shekara talatin da huɗu ya yi yana raba wasiƙu gida-gida, kuma duk wasiƙar da ya miƙa maka sai ya haɗa maka da shawara kyauta: yadda za ka gyara rufin ɗakinka, abin da ya sa saniyarka ta rame, da kuskuren da likita ya yi a gwiwarka. Ranar da ya yi ritaya gari ya ce to, an huta. Ashe lokaci ya samu.

Abu ɗaya ne ya tsaya masa a rai tun yana saurayi: ya zama ɗaya daga cikin 'Yan Bakwai. Su ne mutum bakwai da aka rantsar don kula da duwatsun iyakar gonaki. Duk dutsen da suka kafa sai sun binne wata alama a ƙarƙashinsa, wadda su kaɗai suka san ta, daga baki zuwa kunne tun zamanin kakanni. In rigima ta tashi sai su haƙa, kowa ya juya musu baya, su duba, su faɗi ko dutsen na gaskiya ne. Wanda ya shiga cikinsu ya shiga ke nan har mutuwa, kuma da sirrin ake binne shi. Sau uku ana samun gurbi, sau uku Ottmar yana goge takalmi ya zauna bakin ƙofa, sau uku shugabansu, tsoho Lenz, yana wucewa ya ce masa barka da hantsi kawai.

To, a farkon bazarar nan sai ɗaya daga cikinsu ya rasu. Ottmar ya je jana'iza da fuskar tausayi, amma gashin bakinsa, mai lanƙwasa kamar ƙahon rago, sai rawa yake yi don murna.

Ana cikin haka rigima ta ɓarke tsakanin Hedwig Rauh da maƙwabcinta Kilian Dorsch. Akwai itacen tuffa a tsakanin filayensu, wanda marigayi mijin Hedwig ya shuka a shekarar aurensu. Kilian ya ce itacen a filinsa yake, kuma sare shi zai yi ya gina rumfar tarakta. Kowa ya yarda iyaka ta tashi ne daga tsohuwar rijiya ta miƙe sak zuwa wani dutse, sai dai dutsen ya daɗe da nutsewa cikin ƙasa da ciyawa, ba wanda ya san inda yake. Magana ta kai kotu, alƙaliya ta ce ranar Alhamis za ta zo da kanta ta gani.

Ottmar ya ji labarin a gidan giya, ya bugi tebur har kumfa ta zube.

"Kotun me? Safiyon me? Ni ƙasar garin nan a tafin ƙafata take! Takuna ɗaya mita ɗaya ne cif, ko da ma'aunin zinariya za a gwada."

"Shi ya sa katin Kirsimeti yake iso mu ranar Ista," in ji wani daga lungu.

"Ku yi ta dariya. Haka kuka yi dariya ranar da na kori ɓarayi bakwai ni kaɗai."

Teburin duka ya yi nishi. Labarin nan shekara goma sha ɗaya ke nan ana shan sa. Matarsa Irmgard tana da wani dutse da ta gada wurin mahaifiyarta, wanda ake danne kabeji da shi a cikin ganga har ya yi tsami. Wata rana dutsen ya ɓace, Ottmar ya ce ɓarayi ne suka ɗauka, ya bi su har bakin daji. A shekarar farko ɓarawo ɗaya ne, gurgu ma. Yanzu sun kai bakwai, biyu da bindiga.

Ya saci kallon tsoho Lenz, wanda ke zaune can yana tsotsar lofe. "In na warware rigimar nan a gaban alƙaliya, ina ganin wasu mutane za su san wa ya dace da wata kujera."

Lenz ya busa hayaƙi, ya ci gaba da tsotsar lofensa.

Washegari da sassafe Ottmar ya dira gidan Hedwig da kati a hannu, wanda ya rubuta da kansa: O. Zapf, Masanin Iyaka da Taswira.

"Ottmar, don Allah ka rufa mini asiri," in ji ta. "Itacen nan shi kaɗai ya rage mini na mijina Georg. Ba na son wasa a kansa."

"Wasa? Hedwig, ki sa ranki a inuwa. Ki fara neman kwalaben da za ki zuba ruwan tuffar bana."

Ta ce a'a sau huɗu. Sai da ta ga madararta na shirin ƙonewa a kan wuta, shi kuma bai ko kai rabin bayani ba, ta ce to, ya je ya yi. Haka sunansa ya shiga takardar shaidu.

Ranar Litinin ya fara awo. Ya tsaya a bakin rijiya, ya gyara wando, ya cika ƙirji, ya taka zuwa gindin itacen yana ƙirgawa da ƙarfi don maƙwabta su ji. Taku arba'in da ɗaya. Ya koma don tabbatarwa, ya samu arba'in da shida. Ya tsaya yana hararar filin, kamar filin ne ya miƙe ba da izini ba.

Kilian yana jingine da shingensa yana cin burodi. "Ottmar, in ka sake yi sau biyu filin zai kai garin gaba, sai mu raba kowa ya huta."

"Kai ka san noma, ni na san ilimi. Ƙasa tana buɗewa da zafin rana."

Ya koma rijiya karo na uku. Yana taku na biyar sai ga Janar, toron agwagwar Kilian, wanda duk garin ba mai shiga gonarsa, ya miƙe wuya ya taho da huci. Ottmar ya san Janar tun yana raba wasiƙa, kuma akwai tsohuwar gaba a tsakaninsu. Bai daina ƙirge ba, a nan dole a yaba masa, amma a taku goma sha tara ya isa itacen, na ashirin kuma a kan reshe ya yi shi.

"Wanne za ka kai wa alƙaliya?" Kilian ya tambaya, yana share hawayen dariya.

"Duka ukun," in ji Ottmar daga sama. "Sai a haɗa a raba uku. Haka masana suke yi."

Ranar Talata ya hau bas zuwa birni, ya karɓo kwafin tsohuwar taswirar gari. Da ya duba sai ya ga filayen biyu ba su fi ƙwayar wake ba. Ya shiga shagon da ake ɗaukar kwafi, ya kifa kansa a kan gilashin na'ura, ya ce a ƙara girma. Aka ƙara. Ya ce a ƙara. Sau takwas ana ƙarawa, har layin iyakar ya yi kaurin tsiran nama, ya haɗiye itacen da rijiyar da rabin kejin kajin Hedwig. Wani zai karaya, ban da Ottmar, domin a gefen wannan ƙaton layi ya hango wani siririn layi, mai lanƙwasa, wanda ya zagaye itacen ya maido shi ɓangaren Hedwig.

Ya shigo gida yana haki. "Irmgard! Iyakar asali! Shekara ɗari biyu tana ɓoye, ba wanda ya gan ta sai mijinki!"

Irmgard ta dubi takardar, ta dubi fuskarsa, ta sake duban takardar. "Miyarka tana hucewa," in ji ta.

Ita haka take. Shekara arba'in da aure, shi ya yi maganar mutum biyu, ita ta yi shirun mutum biyu, gida ya zauna lafiya.

Ranar Laraba ce ya yi babban kamu. Yana rarrafe a gindin shingen Hedwig, ciyawa mai ƙaiƙayi ta gama da hannuwansa, sai gwiwarsa ta bugi wani abu. Ya tona. Dutse ne mai kusurwa huɗu, gansakuka ta rufe shi, kuma a samansa ga tsaga miƙaƙƙiya, irin wadda ake yi wa duwatsun iyaka don nuna inda layi ya nufa. Ottmar ya zauna daɓas a ƙasa, har da ƙwalla. Ya lulluɓe dutsen da buhu, ya rantse wa kansa ba zai gaya wa kowa ba sai gaban alƙaliya. Kafin la'asar mai gidan burodi ya sani, limamin coci ya sani, direban bas ma ya sani.

Ranar Alhamis gari ya watse zuwa filin Hedwig. Mata sun zo da kujerun naɗewa, wani ya zo da kwandon burodi. Alƙaliya ta iso da takalmin roba, tare da ma'aikacin safiyo na gwamnati, wani siririn mutum mai tabarau da na'urarsa mai ƙafa uku. Lauyan Kilian ya zo. 'Yan Bakwai, da suka zama shida, sun tsaya gefe da shebur, sun sha baƙaƙen huluna. Ottmar kuwa ya sa tsohuwar rigarsa ta gidan waya, maɓallan sai ƙyalli suke.

"Malam Zapf," in ji alƙaliya, "an rubuta kai masani ne. A ina ka yi karatun safiyo?"

"Ranki ya daɗe, a kan hanya. Shekara talatin da huɗu, ruwa da ƙanƙara. Takuna ɗaya mita ɗaya."

Mai safiyo ya shimfiɗa tef a ƙasa. "Bismillah, taka mu gani."

Ottmar ya taka. Mutumin ya duƙa. "Santimita sittin da takwas."

"Tef ɗinka ya sha ruwa."

"Na ƙarfe ne."

"To ƙarfen ya gaji."

"A sako Janar, zai kai mita biyu!" Kilian ya yi ihu, filin ya ɗauki dariya. Alƙaliya ta yi tari, ta ce a wuce wurin.

Ottmar ya warware taswirarsa, sai da mutum biyu suka riƙe masa gefe-gefe. Ya ɗauki sanda ya bi siririn layin nan yana bayani, ya kawo sarakunan dā, ya kawo yaƙi, ya kawo wata gobara da ba wanda ya taɓa jin labarinta. Mai safiyo ya fito da taswirar asali daga jakarsa, ya duba da gilashin ƙara girma, ya dawo kan ta Ottmar, ya daɗe yana kallo. Sannan ya ɗago ya ƙura wa fuskar Ottmar ido.

"Ranki ya daɗe, layin nan babu shi a taswirar asali. Gashi ne ya faɗa kan gilashin na'ura." Ya ɗan matso. "Kuma in an lura da yadda ya lanƙwasa a ƙarshe, ina jin mai shi yana nan tare da mu."

Ottmar ya kai hannu ya rufe gashin bakinsa. Matar mai gidan burodi ta faɗo daga kujerar naɗewa, sai da aka ɗaga ta. Hedwig kaɗai ce ba ta dariya, ta riƙe gefen rigarta tana murɗawa.

"Ku gama!" in ji Ottmar. "Ku gama dariyar, don yanzu za ku haɗiye ta." Ya taka zuwa gindin shinge, ya fizge buhu. "Ga dutsen iyaka na asali! Ga tsagarsa! Na rantse a gaban kotu, kuma in ƙarya ne a aske mini gashin baki a dandalin gari!"

Wuri ya yi tsit. Har tsoho Lenz ya cire lofe daga baki. Ottmar ya ji daɗin shirun nan har cikin ƙashinsa. Ya zaro igiya daga aljihu, ya ba wani ya riƙe a bakin rijiya, ya ja ta zuwa dutsen, ya ɗaure tamau. Wannan ne karon farko da ya ja igiyar, domin jiya murna ba ta bar shi ya gwada ba.

Igiyar ta miƙe sak. Itacen tuffa yana can ɗaya gefen, ɓangaren Kilian, da tazarar kamu biyu.

Lauyan Kilian ya yi murmushi har kunne. "Ranki ya daɗe, mun karɓi shaidar wannan babban masani ɗari bisa ɗari. Shaidan mai ƙara ne da kanta. Ba sai an wahalar da dattawa da haƙa ba."

"Ni dama na sha faɗa, Ottmar akwai ƙwaƙwalwa!" in ji Kilian. "Gobe da safe zan wasa zarto."

"Tsaya, tsaya," in ji Ottmar. "Igiyar ce ta karkace. Iska ce. A juya rijiyar…"

Hedwig ta dafa itacen da hannu biyu. "Ottmar, me na yi maka?" Ba wanda ya yi dariya a nan. Alƙaliya ta buɗe littafinta, ta cire murfin alƙalami.

Sai aka ji wata murya daga bayan taro, a hankali, kamar mai tambayar farashin ƙwai.

"Ranki ya daɗe, dutsen kabejina ne."

Kowa ya juya. Irmgard ta ajiye saƙar da take yi, ta ratso mutane, ta duƙa ta kankare gansakukar da farce. "Tsagar nan ta igiya ce, da ita ake ɗago shi daga ganga. Ga inda ya ɓalle ranar da ya faɗo wa Ottmar a babban yatsa. A shinshina ƙasansa in ana so."

Mai safiyo, mutum mai son tabbatarwa, ya duƙa ya shinshina. "Kabeji," in ji shi.

"Ɓarayin!" Ottmar ya yi tsalle. "Ashe nan suka jefar da shi! Na ce muku na matsa musu…"

"Ranar Lahadi ce," in ji Irmgard, "ka ɗauka na tafi coci, alhali mura ta hana ni. Ina tagar kicin. Ka fito da shi kana ɗingishi kana zaginsa, ka waiga dama, ka waiga hagu, ka wurga shi bayan shingen Hedwig. Sannan ka yaga aljihun rigarka da kanka."

Abin da ya biyo baya ba dariya ba ce, ambaliya ce. Mutanen da suka sha labarin ɓarayi bakwai shekara goma sha ɗaya suka riƙe ciki, wasu suka durƙusa. "Wanne ne mai bindigar, Ottmar?" "Gurgun fa, ya warke?" "A kawo reza, ga dandali can!" Alƙaliya ta ɓoye fuska a bayan littafinta, kafaɗunta suna girgiza.

Ottmar ya fara ja da baya yana ɗaga hannu, yana cewa a bar shi ya yi bayani. Ya ja, ya ja, ya wuce igiya, ya wuce itacen, ya shiga filin Kilian. A nan Janar, wanda ya daɗe yana jiran ranar nan, ya cafke shi a inda ake zama. Ottmar ya yi sama, ya dawo ƙasa da mazaunai cikin ciyawa, sai ya ƙwala wata ƙara da ba ta cizo ba ce.

"Wayyo ƙashina! Wane mugu ne ya ajiye dutse a nan?"

Tsoho Lenz ya taho a hankali, ya ture shi gefe da ƙafa kamar buhun dankali, ya sa shebur ya kankare ƙasa. Kan wani dutse ya bayyana, fari, sassaƙaƙƙe. Lenz ya cire hula.

"Jama'a, a juya baya."

Kowa ya juya, har alƙaliya da lauya. Ottmar ma ya juya, amma wuyansa ya ƙi, sai komawa yake yi da kansa, har sai da Irmgard ta kama kunnuwansa biyu ta riƙe. Aka ji ƙarar shebur, aka ji ƙus-ƙus na tsofaffi shida, aka ji an mayar da ƙasa.

"Na gaskiya ne," in ji Lenz. "Ba a taɓa matsar da shi ba."

Aka ja igiya. Itacen ya faɗo ɓangaren Hedwig da tazarar taku uku, na Ottmar. Hedwig ta rungume itacen tana kuka tana dariya. Kilian ya harari Janar ya ce saura kaɗan Kirsimeti, ranar da zai sha wuƙa.

Kafin a naɗe igiya Ottmar ya farfaɗo. Ya kakkaɓe riga, ya murɗa gashin baki. "Kun gani? Dabara ce. Na san inda yake tun farko, na dai bi da su ta nesa ne. Wa ya gano dutsen? A rubuta a littafin kotu, ranki ya daɗe, a kuma rubuta da me aka gano shi in ana so, ba na jin kunya."

Sai ga tsoho Lenz ya nufo shi, hula a hannu, sauran biyar a bayansa. Ottmar ya ƙame, ya haɗa dugadugai, ya miƙa hannu. Shekara arba'in yana jiran takun nan.

Lenz ya wuce hannun, ya tsaya gaban Irmgard.

"Irmgard, shekara nawa kina sane?"

"Goma sha ɗaya."

"Kina jin labarin ɓarayin nan?"

"Kowace Asabar. Da ranar haihuwarsa sau biyu."

"Ba ki taɓa gaya wa kowa ba? Ko 'yar'uwarki?"

"Labarin yana masa daɗi," in ji ta. "Da ba don itacen Hedwig ba, da sun kai goma."

Lenz ya waiga ya dubi mutanensa. Huluna biyar suka gyaɗa. "Akwai gurbi a cikinmu," in ji shi. "Ranar Litinin za a rantsar da ke, in kin yarda."

A karon farko a tarihin Distelrod aka ga bakin Ottmar Zapf a buɗe ba tare da wata magana ta fito ba.

Yanzu sirrin da ya nema duk rayuwarsa yana gidansa, yana zaune da shi a tebur ɗaya, yana miƙo masa gishiri. Ya gwada lallashi, ya gwada fushi, ya sayo mata furanni, har ciwon ajali ya ƙirƙira wata rana ya kwanta yana nishi.

"Irmgard, tafiya zan yi. Ki gaya mini kafin in cika. Gilashi ne? Gawayi? Ko da harafin farko ne."

Ta taɓa goshinsa, ta ja masa bargo.

"In ka gama mutuwa," in ji ta, "ka sauko mini da dutsen. Kabeji na jira."